EasyCap da tsofaffin kaset: inda take da amfani ga mai shirin tarihi da inda take ɓata masa hoto

Duk wanda ya ɗauko aikin haɗa shirin tarihi a kan bikin kamun kifi na Argungu, ko Uhola ta Zuru, ko Rigata ta Yauri, zai kai wani wuri da hira kaɗai ba za ta ishe shi ba. Dattijo zai ce maka a da ruwan Matan Fada, kogin da ake kamun kifin Argungu a cikinsa, ya fi haka cika, masunta sun fi haka yawa, kiɗan ma ba haka yake ba. Mai kallo zai ji, amma ba zai gamsu ba sai ya gani da idonsa. Aikin tsohon hoto ke nan a cikin shiri, shi ne mai ba da shaida. Bikin Argungu a yadda aka san shi yau ya faro ne a 1934, lokacin ziyarar Sarkin Musulmi Hassan ɗan Mu'azu, kuma UNESCO ta sa shi cikin jerin al'adun duniya a 2016. Amma mafi yawan hoto mai motsi da ɗan ƙaramin mai shiri zai iya sa wa hannu na tsakanin 1980 ne zuwa farkon shekarun 2000, yana kan kaset na VHS, cikin kwali, a gidajen sarauta da ɗakunan tsofaffin masu ɗaukar biki. Kamfanin Funai na Japan, wanda shi ne na ƙarshe da ke ƙera bidiyon kunna irin wannan kaset, ya tsayar da aikin a Yulin 2016. Sabuwa babu ita, sai gwanjo.

Na'urar da kusan kowa ke fara saya don kwashe waɗannan kaset zuwa kwamfuta ita ce EasyCap. Ba ta fi tsawon yatsa biyu ba, baƙa, kanta na shiga ramin USB, wutsiyarta wayoyi huɗu: rawaya ta hoto, ja da fara na sauti, da baƙa mai zagayayyen baki ta S-Video. Tana da araha ƙwarai, ba ta buƙatar wuta ta daban, kuma ana samunta a shagunan kayan kwamfuta.

Abu na farko da mai saye ya kamata ya sani shi ne sunan ɗaya ne, cikin ba ɗaya ba. Masana'antu da yawa ke buga wannan suna a kan roba iri ɗaya, kowa da aisin da ya sa a ciki, wato ɗan guntun lantarkin da ke sarrafa hoton, kuma kwalin ba ya faɗa. Hanyar ganewa ita ce a soka ta a kwamfuta, a buɗe Device Manager, a duba lambar shaidarta. Mai lamba 1b71:3002 aisinta UTV007 ne, tana ba da hoto 720×576 ba tare da ta matse shi ba, da sauti 48 kHz na kunne biyu. Mai eb1a:2861 ta Empia ce, ita ma ana iya aiki da ita. Mai 05e1:0408 ita ce STK1160, hotonta ba laifi, amma a cikin irinta akwai waɗanda aka rage wa kaya, sautinsu 8 kHz ne na kunne ɗaya, muryar maroƙi ta fito kamar ta cikin gwangwani. Mai 1c88 a farko Somagic ce, wahalarta a samun direba, wato manhajar da ke sa kwamfuta ta gane ta, wanda zai yi aiki a sabuwar Windows. Sai wadda ta fi cika kasuwa yanzu, mai lamba 534d:0021, wadda kwamfuta ke gani da sunan AV TO USB2.0. Ita ce ta fi daɗin haɗawa, domin ba ta neman direba, kwamfuta na ɗaukarta kamar kyamarar hira. Ita ce kuma ta fi cutar da aikin tarihi, saboda tana matse hoton tun kafin ya iso kwamfuta, tana kuma cakuɗa shi ta yadda ba a iya raba shi daga baya.

Wannan cakuɗawar tana buƙatar bayani, don a nan ne yawancin aikin da ake yi ke lalacewa ba tare da mai shi ya sani ba. Tsarin talabijin ɗin Najeriya PAL ne: firem, wato cikakken hoto guda, 25 a daƙiƙa, layi 576 da ake gani. Sai dai kyamarar wancan zamani ba ta ɗaukar firem sukutum. Tana ɗaukar rabin layukan, sannan bayan kashi ɗaya cikin hamsin na daƙiƙa ta ɗauki ɗaya rabin. Ke nan a kowace daƙiƙa akwai motsi 50 daban-daban a kan kaset. Ka tuna lokacin da aka ba da alama a Matan Fada, dubban masunta suka kwaso da gudu daga bakin gaɓa, homa a hannu, gora a kafaɗa, ƙura ta tashi kafin ruwa ya fantsama. A kan kaset wannan gudun santsi yake tafiya, kana iya bin mutum ɗaya da ido tun daga tudu har ya faɗa ruwa. Na'urar da ta jefar da rabi ɗaya ta bar maka layi 288 da motsi 25, gudun ya riƙa tsalle. Wadda ta narka rabin biyu wuri guda ta bar maka kowane masunci da inuwarsa manne a jikinsa, saƙar homa ta zama hayaƙi. Babu manhajar da za ta dawo da abin da aka zubar a wannan mataki, sai an sake kunna kaset ɗin, kuma ba kowane kaset ne ke jure kunnawa ta biyu ba.

Manhajar da ke zuwa a ɗan faifan cikin kwali ma haka take, kai tsaye take matse hoto zuwa ƙaramin fayil. A ajiye ta gefe. A Windows a yi amfani da manhajar kwasar hoto ta VirtualDub ko AmaRecTV. A zaɓi PAL_B, girma 720×576, firem 25, launi YUY2, a matse da Lagarith ko HuffYUV ko UT Video, waɗanda ba sa zubar da komai. Sauti ya zama PCM, 48 kHz, 16 bit. Wanda ya fi sabawa da OBS zai iya, amma sai ya daidaita girman allon da na kaset, ya kashe raba layi (deinterlace), wato zaɓin da ke taɓa rabin biyun nan, in ba haka ba OBS zai ja hoton zuwa 1080 da kansa.

Idan hoto ya fito fari da baƙi, kafin a zargi na'urar a duba ko an bar ta a NTSC, tsarin talabijin na Amurka. Idan tana PAL kuma launi bai zo ba, a tambayi asalin kaset ɗin. Jihar Kebbi na iyaka da Nijar da Benin, ƙasashen biyu kuma da wani tsarin talabijin daban, SECAM, suka yi amfani. Kaset ɗin da aka naɗa daga talabijin a Dosso ko Gaya aka shigo da shi ta Kamba zai iya fitowa babu launi a bidiyon PAL zalla. Maganinsa bidiyo mai tsari da yawa, sannan a sauya zaɓin na'urar ya dace da abin da bidiyon ke fitarwa.

Wurin ajiya ba abin wasa ba ne. Hoton da ba a matse ba yana cin kusan megabayit 21 a daƙiƙa, wato giga 75 a awa. Da Lagarith ko HuffYUV yakan sauko zuwa giga 30 ko 40 a awa, ya danganta da yawan yayyafin da ke hoton. Kaset E-180 na awa uku zai ci wajen giga 100, rumbun tera 2 ya ɗauki kamar kaset ashirin. Rumbun da aka tsara a FAT32 ba ya karɓar fayil da ya wuce giga 4, da ɗanyen hoto cikin minti uku da rabi ka kai iyakar, don haka a mayar da shi NTFS ko exFAT tun kafin a fara. Kada kuma a haɗa EasyCap da rumbun waje a kan reshen USB ɗaya, suna rige-rigen hanya, hoto ya riƙa zubewa.

Babban raunin EasyCap, kowace iri ce, shi ne ba ta da haƙuri da kaset mai rawa. Zaren kaset roba ne, ya miƙe da zafi, bel ɗin bidiyo ya saki, saboda haka layukan ba sa isowa a kan lokaci daidai. Tsohuwar talabijin mai ƙeya tana bin wannan rawar ba tare da an lura ba. EasyCap ba ta bi. Sai ka ga saman hoto ya karkace kamar tuta, gefen ginin fada yana lanƙwasa, ko allo ya yi baƙi na ƙiftawar ido. Duk firem ɗin da ya zube kashi ɗaya cikin 25 ne na daƙiƙa, sauti kuwa bai tsaya jiran kowa ba. In 25 suka zube, hoto da sauti sun raba hanya da daƙiƙa guda. A kaset na awa uku abin kan taru, har ka ga hannun makaɗi ya sauka a kan kotso, amon ya zo daga baya. Ga shirin da ke son nuna yadda kiɗan fada yake a da, wannan kaɗai ya isa ya kashe shaidar.

Gyaran da ya fi sauƙin samu shi ne a sa tsohuwar na'urar naɗar DVD ta Panasonic, DMR-ES10 ko DMR-ES15, a tsakani. Ba za a naɗa komai da ita ba. Hoto ya fito daga bidiyo ya shiga cikinta, ya fita ta S-Video zuwa EasyCap, ita kuma ta miƙar da layukan a hanya. Ko da wurin faifanta ya mutu tana wannan aikin. Na Turai bakin SCART ne da su, sai an nemi mahaɗi mai makunnin shiga da fita, kuma a tabbatar an samu rimot, domin da shi ake kashe tace yayyafin da take yi, wanda ke sa fuska ta yi sumul kamar an shafe ta da laka. Da wannan a tsakani, EasyCap mai UTV007 ko Empia tana ba da aikin da za a iya sawa a shiri ba kunya. In babu, a tsayar da naɗa a duk inda aka yanke ɗauka a kan kaset, a buɗe sabon fayil. Wuraren da allo ke yin shuɗi ko yayyafi tsakanin taro da taro su ne inda firem ke zubewa da yawa.

Sai haske. Taronmu taron fararen riguna ne a tsakar rana, ga kuma ƙyallin ruwa. Yadda EasyCap ke zuwa daga kwali, sau da yawa fari yakan ƙone: babbar riga ta zama farin fili, aikin aska takwas da ke ƙirjinta ya ɓace, naɗin rawani ya rasa layinsa. A VirtualDub a buɗe ma'aunin haske kafin a fara, a nemi wurin da ya fi ko'ina haske a kaset ɗin, a rage har farin ya tsaya ƙasa da 235, baƙin ya tsaya sama da 16. Gara hoto ya ɗan dushe, ana ɗaga shi wajen tacewa. Wanda ya ƙone ya tafi.

Muna nanata waɗannan ƙananan abubuwa ne saboda da su ake gane shekarar hoto, kuma hoton da ba a san shekararsa ba ado ne kawai a cikin shiri. Kwanan watan da kyamara ke bugawa a kusurwa ba abin dogaro ba ne, in ƙaramin batirin agogonta ya mutu sai ta koma 1 ga Janairu ta wata shekara. Rubutun jikin kwali ma yakan yi ƙarya, tunda ana naɗa sabon taro a kan tsoho. Abin da ke cikin hoton ya fi gaskiya. Dubi kuɗin da ake liƙa wa mawaƙi a goshi: takardar naira 50 ta fito a 1991, ta 100 a 1999, ta 200 a 2000, ta 500 a 2001, ta 1000 a 2005. In ka hango 'yar ɗari biyar a ƙasa gaban makaɗa, hoton bai riga 2001 ba, ko me aka rubuta a kwali. Dubi allon ma'aikata da ƙyallen maraba. An ƙirƙiro Jihar Kebbi ranar 27 ga Agusta 1991, Zamfara ranar 1 ga Oktoba 1996, kafin nan duka Jihar Sakkwato ne, kodayake tsohon allo kan daɗe ba a sauke shi ba. Dubi wanda ke zaune a rumfar sarki: Mai Martaba Samaila Muhammad Mera ya gaji mahaifinsa Muhammadu Mera a sarautar Argungu a 1996. VHS da ma can kaifinsa bai wuce layi 240 ba. Launin takardar kuɗi da harafin allo suna daf da bakin abin da yake iya riƙewa, matsawa kaɗan ta shafe su.

Saboda wannan dalilin ne kuma ba mu goyon bayan a wuce da tsohon hoto ta manhajojin ƙirƙirarriyar basira masu ƙara kaifi, aƙalla ba a fuskokin mutane ba. Manhajar ba ta san tsagar Kabawa ko ta Zamfarawa ba. Takan ɗauke ta a matsayin datti ta goge, ko ta zana wani abu da ba shi ne a fuskar ba. Jikan mutumin zai kalli shirin ya ga fuskar da ba ta kakansa ba. Abin da ya halatta shi ne a raba layukan da manhajar QTGMC, ko da Bwdif a cikin manhajar HandBrake a kan zaɓin Bob, a samu firem 50 a daƙiƙa. Hoton da aka kwasa ta wannan hanya galibi rabin sama ne ke gaba, in aka juya tsarin motsi zai riƙa kai da komo. A faɗaɗa shi zuwa 1440×1080, a bar baƙi dama da hagu. Kada a ja shi ya cika faffaɗan allo, doki ya zama kamar sa, kada kuma a yanke sama da ƙasa, a nan kawunan mutane da rubutun allo suke. 'Yan layukan da ke rawa a can ƙasan hoto na kowane VHS ne, a bar su a fayil na asali, a rufe su da siririn baƙi wajen tacewa.

Kafin duk wannan akwai shi kansa kaset ɗin. A leƙa ta tagar robar. In an ga farin gari ko zare-zare kamar saƙar gizo a gefen naɗin, hunhuna ce, damina ta shige shi. Kada ya shiga bidiyon aiki, zai toshe hed, wato ɗan bakin da ke karanta zaren, cikin daƙiƙoƙi kuma ya shafa wa duk kaset ɗin da ya biyo baya. A ware shi a leda har a samu wani bidiyon na shara, mai yi kuma ya sa takunkumi. In yana da tsabta, a ɓalle ɗan harshen robar da ke bayansa don kada a danna naɗa bisa kuskure, a tura shi gaba har ƙarshe a dawo da shi sau ɗaya, naɗin ya saki. Kaset ɗin da ya sha rana a but ɗin mota a watan Afrilu kada a kai shi ɗaki mai sanyi a kunna nan take, a bar shi ya kwana. Da hunturu ƙura ce abokiyar gaba, a rufe bidiyo da ƙyalle duk lokacin da ba ya aiki.

In hoto ya koma yayyafi sauti na tafiya, hed ne ya toshe. A cire wuta, a buɗe murfi, a jiƙa guntun farar takarda da sinadarin isopropyl mai ƙarfin kashi 99, a ɗora a gefen gangar ƙarfen da hed ke jikinta a hankali, a juya gangar da ɗaya hannun. Takardar ba ta motsi sama ko ƙasa, hakan ke karya hed. Auduga kuma tana maƙalewa a bakinsa. A jira minti goma ya bushe. Sannan bidiyo da kwamfuta duka su kasance a kan inbata ko UPS. In aka ɗauke wuta zare na naɗe a jikin ganga, wajen ciro shi ne ake tauna shi. Gurnanin da ake ji a ƙarƙashin sauti yawanci daga cajar kwamfuta yake ko janareta, a cire caja a yi da batir a gani.

Akwai kaset ɗin da bai kamata a kusanto da EasyCap gare su ba. MiniDV da Digital8 da ma lambobi ne a kansu, ana kwafe su yadda suke ta wayar FireWire da WinDV, giga 13 a awa, har da ranar ɗauka a ciki. Bi da su ta wayar rawaya asara ce tsantsa. U-matic da Betacam na gidajen talabijin suna buƙatar injinsu da mai gyaransu, kuma tsohon U-matic yakan yi danƙo ya manne, sai an gasa shi a tanda ta musamman a wajen digiri 50, aikin da ba na gida ba. Fim na majigi mai faɗin milimita 16 kuwa, in aka buɗe gwangwaninsa aka ji tsami kamar na ruwan kal, ya fara ruɓewa, kada a sa shi a injin haskawa. Hukumar Fina-finai ta Najeriya da ke Jos tana da ma'adanar irin waɗannan. Fim ɗin Shaihu Umar na Adamu Halilu, na 1976, an daɗe ana zaton ya ɓace, sai a 2016 aka gano shi, cibiyar Arsenal ta Jamus ta gyara shi, aka nuna shi a bikin fina-finan Balin a 2018. Da an tura shi cikin tsohon inji don a ga abin da ke ciki, wataƙila da ba a kai nan ba.

Inda EasyCap ta yi fice, har mai lamba 534d ɗin, shi ne wajen dubawa da tantancewa. Mai kaset sau da yawa ba zai bari a fita da shi daga gidansa ba, kuma yana da gaskiya. Da bidiyo ɗaya, kwamfutar hannu da wannan 'yar na'ura, ana shimfiɗa aikin a zaure. A zaunar da dattijon gidan a gaban allo, a kunna rakoda, a riƙa tsayar da hoto ana tambaya: "Baba, wannan mai jan rawanin wane ne?" "Ranka ya daɗe, nan wace ƙofa ce?" A rubuta minti da daƙiƙa, da suna, da wuri. Wannan takardar darajarta ɗaya da ta hoton, kuma fuskar dattijon lokacin da ya hango abokinsa da ya rasu cikin taro ita ma abin ɗauka ce, in ya yarda. Sharaɗi ɗaya ne: kaset mai rauni, wanda gefen zarensa ya yamutse ko yake ƙara in yana juyawa, ba a yi masa kunnawar gwaji. Kunnawar farko ita ce ta kwasa, da cikakken shiri.

A zauren nan ne kuma ake gama maganar izini. Wanda kaset ke hannunsa ba lallai ne shi ke da haƙƙin hoton ba, yana iya zama na mai kyamara ko na gidan talabijin ɗin da tambarinsa ke kusurwa. A rubuta yarjejeniya, ko da shafi ɗaya ce: minti nawa za a ɗauka, a ina za a nuna, da wane suna za a gode. Kaset ɗin biki yakan haɗa hawan angwanci a waje da kamu a cikin gida. Abin da aka ɗauka a tsakar gida tsakanin mata ba don duniya aka ɗauke shi ba, sai an koma an tambaye su ko 'ya'yansu. A ba mai kaset kwafinsa a filashi, a mayar masa da kaset ɗin an naɗe shi zuwa farko, a ce ya jera shi a tsaye kamar littafi, nesa da lasifika da bangon da rana ke duka.

Wanda zai kwashe kaset biyar ko goma na gida, EasyCap mai UTV007 ko Empia tare da Panasonic a tsakani ta ishe shi. Wanda zai buɗe shago yana karɓar kaset ɗin mutane, ko zai kai shirinsa gidan talabijin, ya ƙara kuɗi ya nemi I-O Data GV-USB2 ko Hauppauge USB-Live2, aikinsu iri ɗaya ne amma ka san abin da ke cikinsu, direbansu kuma na nan a shafin kamfani. In EasyCap ɗin ce dai, ka je shago da kwamfutarka, ka roƙi mai shago ya bari ka soka ta ka karanta lambar kafin ka biya. In yana da kwali fiye da ɗaya ka gwada kowanne, domin a jere ɗaya ana samun iri biyu.